Direban da 'yan sanda suka yi wa tambayoyi sau 9 suna sakinsa: nazarin binciken kisan mata 13 a arewacin Ingila

Asalin lamarin

Tsakanin Oktoba 1975 da Nuwamba 1980 an kashe mata 13 a arewacin Ingila, 11 a yankin Yammacin Yorkshire wato Leeds da Bradford da Halifax da Huddersfield, 2 kuma a Manchester, kuma duk mutum ɗaya ne ya yi wannan aika-aika. Ban da waɗanda suka mutu akwai wasu mata 7 da kotu ta tabbatar ya yi yunƙurin kashe su amma da sauran kwanansu a gaba. Ba zan kama sunansa ba, su ma matan haka, direban kawai zan riƙa ce masa tunda sana'arsa kenan, tuƙin babbar mota a wani kamfani da ke Shipley kusa da Bradford. Jaridun ƙasar dai "Yorkshire Ripper" suka laƙaba masa, suna kwatanta shi da makashin matan nan na Landan na 1888 wanda har yau ba a san ko wanene ba.

An haife shi a 1946, ya taso a Bingley, ya taɓa yin aikin haƙa kabari kafin ya koma tuƙi, ya yi aure a 1974, mutum ne shiru-shiru da ba ka jin kansa da kowa. Amma tun 1969 sunansa ya shiga takardun 'yan sanda, domin a shekarar ya bugi wata mata da dutse da ya cusa a cikin safa a Bradford, 'yan sanda suka je har gida amma maganar ta mutu a nan saboda matar ba ta so a kai ta gaba, sannan a shekarar dai aka kama shi cikin dare ɗauke da guduma, sai aka ɗauka sata ya fito yi, aka ci shi tara aka sallame shi.

Ita kuma rundunar 'yan sandan Yammacin Yorkshire sabuwa ce a lokacin, a 1974 aka haɗe rundunar Leeds da ta Bradford da ta sauran yankin suka zama ɗaya. Kusan babu kwamfuta a aikin bincike, yawanci a kati ake rubutawa da hannu a jera a akwati, gwajin DNA kuwa ko labarinsa babu, iyakacin abin da ake iya ganowa daga jini ko yawu shi ne rukunin jinin mutum.

1975 zuwa 1976: farawa

A Yuli 1975 aka bugi wata mata da guduma a kai a Keighley, ta rayu. A Agusta aka sake yi wa wata a Halifax, ita ma ta rayu, kuma ta gaya wa 'yan sanda cewa wanda ya buge ta ya yi mata magana kafin nan, kuma karin harshensa na 'yan Yorkshire ne, ɗan gida ne. Ƙarshen watan aka kai wa wata yarinya mai shekara 14 hari a Silsden, ta yi tafiya tare da shi suna hira kafin ya far mata, don haka ta ba da kamanninsa dalla-dalla, baƙin gashi da gemu. Waɗannan uku kowanne fayil ɗinsa daban aka buɗe masa.

Ranar 30 ga Oktoba 1975 aka yi kisan farko a Leeds, mace mai shekara 28 da 'ya'ya 4, a wani filin wasa da bai da nisa da gidanta. Janairu 1976 aka yi na biyu a Leeds ɗin dai, kuma salon iri ɗaya ne, bugu da guduma ta bayan kai sannan sara da suka da wuƙa ko sukudireba. A na biyun ya bar sawun takalmin roba mai lamba 7 a jikin matar. Daga nan 'yan sanda suka yanke cewa mutum ɗaya ne, suka kuma yanke cewa mata masu zaman kansu yake farauta, wannan fassara kuwa ita ta zama ma'aunin da ake auna kowane sabon hari da shi, in matar da aka kai wa hari ba ta cikin wannan layin sai a ajiye fayil ɗinta gefe. A Mayu 1976 wata mai shekara 20 ta tsira a lambun Roundhay da ke Leeds, ta ce farar fata ne mai baƙin gemu, ba a saka ta cikin jerin ba.

1977: sawun taya da takardar fam 5

Fabrairu 1977 aka kashe ta uku a lambun Roundhay, a nan aka samu sawun tayoyin mota a ƙasa mai laushi. Masana suka auna faɗin da ke tsakanin tayoyin suka fitar da ire-iren motocin da za su iya barin irin wannan sawu, lissafi ya kama motoci kusan 53,000 a yankin, aka tura 'yan sanda suna bi ɗaya bayan ɗaya suna duba taya, wani lokacin cikin dare da tocila. An duba fiye da rabi sai aka dakatar da aikin saboda ƙarancin ma'aikata, saura kusan 20,000, kuma motar direban tana cikin waɗanda ba a kai gare su ba.

Afrilu aka kashe wata a ɗakinta a Bradford. Ranar 26 ga Yuni aka kashe yarinya mai shekara 16 da ke aiki a kanti a Leeds, tana kan hanyar komawa gida. Wannan ne ya tayar da hankalin jama'a, jaridu da wasu 'yan sanda suka riƙa kiranta ta farko da "ba ta da laifi", aka ɗora mataimakin shugaban rundunar, George Oldfield, a kan binciken gaba ɗaya, aka tattara fayil-fayil a ofishin 'yan sanda na Millgarth da ke Leeds. An kuma shawarci mata su daina fita da dare, abin da ya sa a Nuwamban shekarar mata suka yi zanga-zangar dare a Leeds suna cewa me ya sa su za a kulle a gida ba maza ba.

Ranar 1 ga Oktoba 1977 ya tsallaka Manchester ya kashe wata mai shekara 20 kusa da wata babbar maƙabarta. Kafin ya kashe ta ya ba ta takardar fam 5, sabuwa fil, wadda ya ciro daga ambulan ɗin albashinsa kwana biyu kafin nan. Bayan ya koma gida ya tuna cewa sabon kuɗi ana iya bin lambarsa, ya yi ta jira ya ji an tsinci gawar shiru, sai ranar 9 ga wata ya sake tuƙawa har Manchester cikin dare ya je neman jakarta, bai gan ta ba. Ranar 15 ga wata aka tsinci jakar, kuɗin na cikin wani ƙaramin aljihu a gefe.

'Yan sandan Manchester suka bi lambar har zuwa reshen bankin Midland da ke Shipley da Bingley, suka gano cewa tana cikin ƙullin kuɗin da aka raba wa kamfanonin yankin don biyan albashi, ma'aikata wajen 8,000 ke nan, cikin wata 3 aka yi wa maza kusan 5,000 tambayoyi. Direban yana cikinsu, an je gidansa sau biyu a Nuwamba. Ya ce ranar 1 ga wata yana gida, matarsa ta ce haka ne, ranar 9 kuma walimar tarewa a sabon gida suka yi, 'yan uwa suka shaida. Gaskiya ne an yi walimar, abin da ba a bi ba shi ne bayan an watse ya ɗauki wasu baƙin ya kai su gida a mota, daga can ya miƙe hanyar Manchester. Aka rubuta an wanke shi.

Disamba 1977 wata ta tsira a Leeds, ta zauna da mai haɗa zanen fuska suka fitar da hoto, wanda daga baya da aka kama direban aka ga kamar shi aka ajiye aka zana. Sawun tayar da aka samu a wurin ya yi daidai da na Roundhay.

1978: ƙirgar motoci da wasiƙu

Janairu 1978 mata biyu, ɗaya a Bradford wadda sai a Maris aka ga gawarta, ɗaya a Huddersfield mai shekara 18. Mayu kuma wata a Manchester, a harabar wani babban asibiti. Mata 9 kenan.

Daga tsakiyar shekarar aka fito da sabuwar dabara, 'yan sanda su ɓuya a unguwannin da mata masu zaman kansu ke tsayawa a garuruwa daban-daban suna rubuta lambar duk motar da ta wuce, wanda aka ga motarsa a unguwanni biyu ko uku sai a je a same shi. Lambobin da aka tara sun kai miliyoyi. Motar direban ta fito, an je wurinsa a Agusta an kuma komawa a Nuwamba, ya ce ai hanyarsa ce ta zuwa aiki, kuma hakan ba ƙarya ba ne ɗungurungum don gidansa na Bradford ne. Su waɗanda suka je ba su duba tayoyin tsohuwar motarsa a kan lokaci ba, kafin a waiwaye ta ya sayar, an kuma canza tayoyin.

A Maris 1978 wasiƙu biyu suka iso, ɗaya ga Oldfield ɗaya ga jaridar Daily Mirror, duka da tambarin gidan waya na Sunderland, can arewa maso gabas, mai wasiƙar yana cewa shi ne makashin. Da farko ba a ɗauke su da nauyi ba don irinsu da yawa suna zuwa. Sai dai akwai abu ɗaya, ya ambaci wata mata da aka kashe a garin Preston, a wajen Yorkshire, a Nuwamba 1975 ya ce shi ya yi, 'yan sanda kuma suna ganin ba kowa ya san ana tunanin alaƙanta wannan kisan da sauran ba, alhali jarida ta riga ta buga maganar.

1979: kaset

Maris 1979 wasiƙa ta uku ta zo. Aka gwada yawun da aka liƙe ambulan ɗin da shi, ya nuna rukunin jini B, kuma na irin mutanen da rukunin jininsu ke fitowa a yawu da sauran ruwan jiki, waɗanda ba su fi kashi 6 cikin 100 na jama'a ba. Wanda ya yi kisan Preston shi ma haka jininsa yake. To ka ga yadda abin ya ɗaure: mai wasiƙa ya ce shi ya yi na Preston, jini ya yi daidai, saboda haka na Preston na makashin ne, saboda haka mai wasiƙa shi ne makashin. Ranar 4 ga Afrilu aka kashe wata ma'aikaciyar ofis mai shekara 19 a Halifax, ta 10, da sawun takalmi lamba 7 a wurin.

A Yuni kaset ya iso, muryar namiji yana magana a hankali yana kiran Oldfield da sunansa yana yi masa ba'a cewa har yanzu ya kasa kama shi. Ranar 26 ga Yuni aka kunna wa 'yan jarida. Aka kai wa masana karin harshe biyu na Jami'ar Leeds, Stanley Ellis da Jack Windsor Lewis, Ellis ya je ya yi ta sauraron mutane a Sunderland har ya ce muryar ta unguwar Castletown ce ko kewayenta, kuma wallahi ya yi ƙoƙari don da aka kama mai muryar bayan shekara 26 gidansa bai da nisa da nan. Amma su masanan da kansu sun dawo sun ja kunnen 'yan sanda cewa su fa inda mai muryar ya fito suka faɗa, ba su ce shi ne makashin ba, kuma alamu na nuna wasa da hankali ne. Wani jami'in rundunar Northumbria, wadda Sunderland ke ƙarƙashinta, ya zauna ya kwatanta wasiƙun da na makashin Landan na 1888 ya ga kwaikwayo ne, ya kuma nuna cewa babu wani abu a cikinsu da ba a buga a jarida ba. Matan da suka tsira aka kunna musu kaset ɗin, akwai waɗanda suka ce ba muryarsa ba ce.

Duk da haka aka ci gaba. A Satumba aka raba wa rundunoni takardar sharuɗɗan wanke mutum: in an haife shi kafin 1924 ko bayan 1959, ko ba farar fata ba ne, ko takalminsa lamba 9 ne zuwa sama, ko jininsa ba B ba ne, ko kuma karin harshensa ba na arewa maso gabas ba ne, to a cire shi daga zargi. A Oktoba aka buɗe gangamin talla na kusan fam miliyan 1, allunan titi ɗauke da rubutun hannun mai wasiƙar, ana kunna muryar a rediyo da mashaya da filin ƙwallo, har lambar waya aka ware wadda za ka kira ka saurari kaset ɗin. Maza kusan 40,000 aka bincika a kan wannan murya. Kiran waya da wasiƙun jama'a suka yi ta kwarara ofishin Millgarth har takardu suka yi nauyin da sai da aka ƙara wa daɓen ɗakin ƙarfi don kada ya rufta, aikin da ba a shigar a kati ba ya taru na watanni.

29 ga Yuli 1979: ziyara ta biyar

Ana cikin wannan hayaniya wasu ƙananan 'yan sandan ciki biyu suka je gidan direban, saboda sabuwar motarsa an gan ta sau 36 a unguwar da ake sa wa ido a Bradford, sau 2 a Leeds, sau 1 a Manchester. Ɗayansu tun da aka buɗe ƙofa jikinsa ya ba shi. Mutumin ya yi kama da zanen da matar Disamba 1977 ta bayar, gemun da gashin duka, yana da wushirya wadda ta dace da shatin cizo da aka gani a jikin wata daga cikin matan da aka kashe, direban babbar mota ne kuma ana zargin makashin yana aiki da injina ko mai, ya musa cewa ya taɓa zuwa Manchester da motar, matarsa ce kaɗai shaidarsa kuma ita ma ba ta iya tuna ranaku. Ɗan sandan ya yi wata 'yar barkwanci don a saki jiki, daga mijin har matar babu wanda ya ko murmusa.

Abin da bai sani ba shi ne an riga an yi wa wannan mutumin tambayoyi a kan fam 5, domin katin da ke ɗauke da wannan bayani ba a haɗe yake da wanda aka ba shi ba. Ya koma ya rubuta rahoto yana cewa a zurfafa bincike a kan mutumin. Aka duba: ɗan Bradford ne, karin harshensa na Yorkshire, rubutun hannunsa bai yi daidai da na wasiƙu ba. Aka jefa rahoton a fayil.

A Agusta Oldfield ya samu bugun zuciya ya kwanta. Ranar 2 ga Satumba aka kashe ɗalibar jami'a mai shekara 20 a Bradford, ta 11.

1980: an koma kan fam 5

'Yan sandan Manchester ba su haƙura da takardar nan ba. Suka koma bankin suka sa ma'aikatan suka sake kwaikwayon yadda aka ƙirga aka raba kuɗin ranar, da takardun gwaji, har suka rage mutanen da za su iya karɓar takardar zuwa waɗanda ba su wuce 300 ba. Direban na ciki. Tsakanin Janairu da Fabrairu 1980 an same shi sau 3, har a wurin aikinsa kusa da motarsa, an duba gida an duba takalma, ya ba da rubutun hannu, aka sake sakinsa. Idan aka haɗa da wata ziyara ta Oktoba 1979, tambayoyi 9 kenan.

Agusta 1980 ya kashe wata ma'aikaciyar gwamnati mai shekara 47 a Farsley da ke yankin Leeds, wannan karon da igiya ya shaƙe ta, sai 'yan sanda suka ce ba shi ba ne tunda salon ya bambanta. Wasu suka tsira a Leeds da Huddersfield a watannin da suka biyo. Ranar 17 ga Nuwamba ya kashe ɗalibar Jami'ar Leeds mai shekara 20 a unguwar Headingley ta Leeds, ta sauko daga bas tana 'yan taku kaɗan zuwa masaukinta. A daren wani ɗalibi ya tsinci jakarta da jini a jiki aka kira 'yan sanda, suka ɗan dudduba suka tafi, sai da safe aka ga gawar a kusa da wurin.

Bayan kwana 8 wani tsohon abokin direban, wanda yake tare da shi a mota a daren harin 1969, ya aika wasiƙa ba sa hannu da cikakken suna da adireshi da sana'a, bai tsaya nan ba ya tafi ofishin 'yan sanda na Bradford da ƙafarsa ya faɗa da baki. Wasiƙar an yi mata alamar gaggawa ta zauna a tiren takardu, rahoton bakin kuma ya ɓace.

Gwamnati ta tsoma baki, aka canza shugabancin binciken, aka turo ƙwararru daga waje su duba. Cikinsu akwai masanin kimiyya Stuart Kind, wanda a Disamba ya ɗauki taswira ya sa alama a duk inda aka kai hari, ya lura cewa hare-haren da aka yi can cikin dare sun fi kusa da juna, na nesa kuma da wuri ake yin su, wato mutum ne da ke son ya koma gida kafin a yi cigiyarsa. Lissafinsa ya nuna tsakiyar abin tana Bradford, tsakanin Manningham da Shipley. Gidan direban yana unguwar Heaton, daidai tsakanin nan. Ƙwararrun sun kuma ce a daina wanke mutum da kaset.

2 ga Janairu 1981: Sheffield

Wani sajan da kurtun da yake koya wa aiki suna sintiri da dare a Sheffield, wadda ma ba ƙarƙashin rundunar Yammacin Yorkshire take ba, suka ga mota ƙirar Rover a fake a wani lungu, namiji da mace a ciki. Ya ba da sunan ƙarya. Suka kira ofis a duba lambar motar, aka ce ai lambar ta wata Skoda ce. An manna ta ne a kan ta asali. Suna shirin tafiya da shi ya ce fitsari ya matse shi, suka bar shi ya zagaya bayan wani tankin mai.

Saboda lambar daga wani wurin tsofaffin motoci aka sato ta a yankin Dewsbury da ke Yammacin Yorkshire, can aka kai shi washegari, kuma a lokacin dokar ita ce duk wanda aka kama da mace a irin wannan yanayi a sanar da masu binciken. Aka gwada jininsa, B ne. Shi kuma sajan da ya dawo aiki daren gaba ya ji har yanzu ana riƙe da mutumin, sai fitsarin nan ya faɗo masa a rai, ya ɗauki tocila ya koma bayan tankin, ga guduma da wuƙa a cikin ganyaye. Daga baya aka samu wata wuƙar a tankin ruwan bayan gida na ofishin da aka fara kai shi. Ranar 4 ga Janairu ya amsa da bakinsa, ya shafe sa'o'i yana ba da bayani ɗaya bayan ɗaya. Na Preston ya ce ba shi ba ne. Kuma jininsa B ne amma ba ya fitowa a yawu, wato ba shi ya liƙe ambulan ba.

Shari'a da abin da ya biyo baya

A kotun Old Bailey da ke Landan ya ce murya yake ji daga Allah tana umartarsa, likitocin ƙwaƙwalwa 4 suka ce yana da taɓin hankali, masu gabatar da ƙara har sun yarda a sassauta tuhumar amma alƙali ya ƙi, ya ce sai masu taya shi yanke hukunci sun saurara. Ranar 22 ga Mayu 1981, 10 daga cikin 12 suka same shi da laifin kisan kai 13, aka yi masa ɗaurin rai da rai sau 20. A 1984 aka mayar da shi asibitin masu taɓin hankali na Broadmoor, a 2010 kotu ta ce ba zai taɓa fita ba, ya mutu ranar 13 ga Nuwamba 2020 yana da shekara 74. A ranar shugaban rundunar Yammacin Yorkshire ya nemi afuwar iyalan matan a kan irin kalaman da manyan jami'ai suka yi amfani da su a kansu.

Lawrence Byford, sufeton gwamnati mai sa ido kan aikin 'yan sanda, ya binciki binciken kansa, ya miƙa rahoto a Disamba 1981, amma sai 2006 aka saki cikakkensa. Ya ɗora laifi a kan tsarin kati da kuma dogaro da kaset, ya ce akwai yiwuwar direban ya kai wasu hare-haren da ba a tuhume shi da su ba. Daga shawarwarinsa aka samar da tsarin kwamfuta na HOLMES a tsakiyar shekarun 1980, wanda ke haɗa duk bayanin da ya shafi suna ɗaya ko mota ɗaya wuri guda ko da rundunoni daban ne suka tara.

Mai kaset kuwa sai Oktoba 2005. An samu ɗan guntun ambulan ɗin da ya rage, aka ciro DNA daga yawun, ya dace da na wani mutumin Sunderland da aka ɗauki samfurinsa a 2001 kan laifin buguwa. Shekararsa 22 lokacin da ya rubuta wasiƙar farko. A Maris 2006 aka ɗaure shi shekara 8. Kisan Preston ma sai 2011 DNA ta nuna wani mutum ne daban wanda ya riga ya mutu a 2008, bai da alaƙa da direban, bai da alaƙa da mai kaset, dacewar jinin nan tsautsayi ne kawai.

Yadda nake ganin abin

Mutane da yawa suna cewa sa'a ce ta kama shi. Ni ban yarda da wannan gaba ɗaya ba, don sajan ɗin nan abin da ya yi aiki ne: ya duba lamba, ya tuna da fitsari, ya koma. Kuma in ka duba, hanyoyin da aka bi a baya ba su ne suka gaza ba, sawun taya ya nufi motarsa, fam 5 ta kai su ƙofar gidansa sau biyu a 1977 ta sake kai su a 1980, ƙirgar motoci ta fito da shi, zanen fuska ya yi daidai, taswira ta nuna unguwarsa. Mutum nawa ne a duk Ingila za su fito a jerin fam 5 kuma su fito a jerin motocin da aka gani a gari uku? Ba a taɓa ɗora jerin biyu a kan juna da kyau ba, kowane ɗan sanda da ya ƙwanƙwasa ƙofar nan da guntun labari ya je.

Amma rashin kwamfuta ba shi ne babban laifin ba a ganina, don ko da kwamfuta in ka ba ta umarni ta cire duk wanda ba ɗan Sunderland ba, cirewa za ta yi. Bin kaset ɗin ba laifi ba ne, dole a bi shi. Mayar da shi ma'aunin wanke mutum shi ne ɓarnar, kuma an yi hakan ne bayan masanan da aka ɗauko da kansu sun ce a yi hattara. Mata 3 aka kashe bayan an kunna kaset ɗin.

Ƙasan wannan kuma akwai rainin da aka yi wa matan. Tunda aka yanke tun 1976 cewa karuwai yake nema, duk wadda ta tsira ba ta cikin layin an cire ta daga lissafi tare da abin da ta gani, wadda ke cikin layin kuma ba a ɗauki maganarta da daraja ba. Matar Halifax ta faɗi karin harshensa tun Agusta 1975, wata biyu kafin kisan farko. Yarinyar Silsden ta ba da kamanninsa a watan, kuma da ta ga zanen 1977 a jarida ta je ta ce ai shi ne, ba a saurare ta ba, harin da aka kai mata ma ba ya cikin tuhumar 1981, sai a 1992 direban ya amsa cewa shi ne.